Darasin Sana'a: Idan Agogon Injin Mota Ya Daina Aiki

Da yawa daga cikin samarinmu da magidantanmu, idan suka isa Accra, a Nima ko Maamobi suke sauka, domin a zangunan nan Hausa ake ji. Aikin da ya fi saurin samuwa kuma na mota ne: yaron mota a trotro, tuƙin tasi, dakon kaya zuwa Kasuwar Makola, ko koyon gyara a gareji. Yawanci motar ba tasu ba ce, kuma kullum da yamma akwai kuɗin da mai ita yake jira. Duk sidin da ya tafi a gyaran da bai kamata ba, daga tukunyar iyali ya fita. Saboda haka muka ware wannan darasi a kan agogon inji: abin da yake faɗa, abin da ke kashe shi, da yadda za mu gano laifin kafin mu ciro kuɗi.

Mene ne agogon inji

A gaban direba akwai manyan agogo biyu. Ɗaya maleji ne, mai nuna gudun mota a kan hanya. Ɗayan, mai lambobi daga 0 zuwa 6 ko 7 ko 8, shi ne agogon inji. Yana ƙirga sau nawa inji ke juyawa a minti ɗaya, abin da ake rubutawa RPM. Kowace lamba dubu ce: idan allura ta tsaya a kan 2, inji na juyawa sau 2,000 a minti. A ƙarshen agogon akwai jan layi. A ƙananan motocin fetur yakan fara wajen 6,000, a na dizal kuwa wajen 4,000 zuwa 4,500. Kai allura cikin ja yana gajarta ran inji.

Idan mota na tsaye, inji ya yi zafi yana silo, allura takan zauna tsakanin 600 da 900. Da safe kafin inji ya ɗumi takan haura 1,000, sannan ta sauko a hankali. Wannan ba laifi ba ne. Haka nan akwai ƙananan motocin da tun daga kamfani ba a sa musu wannan agogo ba, don haka kada mu nemi abin da babu.

Amfaninsa uku ne ga mai neman abinci da mota. Yana nuna lokacin canza giya, wanda ke rage shan mai. Yana tona asirin kulocin da ya cinye: mun taka totur, allura ta haura, amma mota ba ta ƙara gudu ba. Kuma a cunkoson titin Kojo Thompson da ke gefen Makola, inda mota kan daɗe tana silo, allura ce ke fara nuna cewa inji na shirin mutuwa. Kasuwar nan tun 1924 take ci, kuma motar da ta mutu a tsakiyarta da kayan mutane a ciki asarar yini ce, ga ɓacin ran mai kaya.

Daga ina agogon ke samun labari

Agogon ba ya taɓa inji. Waya ce ke kawo masa bugun wuta, shi kuma ya ƙirga. Hanyoyin uku ne, kuma sanin wadda motarmu ke bi shi ne rabin gyara.

Ta farko, tsofaffin motocin fetur masu kwayil ɗaya. Wayar agogo tana fitowa daga ƙafar kwayil mai alamar ragi, wadda a motocin Jamus ake sa wa lamba 1. Duk lokacin da kwayil ya aika wuta zuwa fulogi, wanda 'yan uwanmu na Nijar da Burkina Faso suka sani da buji, agogo ya ƙirga ɗaya. Inji mai silinda 4 yana ba da wuta sau biyu a kowane juyi, mai silinda 6 kuma sau uku.

Ta biyu, tsofaffin motocin dizal, irin wasu bas-bas da ke aikin trotro. Dizal ba shi da kwayil. A yawancinsu agogo yana ƙirga daga altaneta, wato injin cajin batir, ta wata ƙafa mai harafin W a bayansa. Tun da fanbel ke juya altaneta, duk abin da ya sami fanbel ya sami agogo.

Ta uku, motocin zamani, na fetur da na dizal. Akwai sensa kusa da karanshaf da ke jin juyin inji. Tana aika labari zuwa ƙwaƙwalwar mota, ita kuma ta aika wa dashbod, inda wani ɗan ƙaramin moto ke juya allura. Yawancin tasin da ke Accra, irin su Kia Picanto da Hyundai i10 da Toyota Vitz, a wannan rukuni suke.

Kariya kafin mu taɓa komai

Mu tsayar da mota a fili mai iska, mu ja birkin hannu, giya a firi. Hayaƙin salansa yana kisa a rufaffen wuri, kuma ba ya ba da sanarwa. Mu kori yara daga wajen. Mu cire zobe da agogon hannu, mu naɗe hannun riga, mai babbar riga ya tuɓe ta, domin fanbel ba ya sakin abin da ya kama. Fankar lagireto takan tashi da kanta ko bayan an kashe inji. Wayar da ke tashi daga kwayil zuwa fulogi tana ɗauke da wuta fiye da volt 20,000, kada mu riƙe ta inji na aiki. Kafin mu kwance dashbod ko mu zare soket, mu cire kan batir mai alamar ragi. Wayoyi da soket masu launin rawaya a ƙarƙashin sitiyari na jakar iska ne: ba a gwada su, ba a taɓa su.

Kayan aiki da inda ake samunsu

Ba sai da kaya masu yawa ba: mitar gwajin wuta, fitilar gwaji, sukundireba, sifana mai lamba 10, ɗan buroshi ko sanfefa, da fiyus na ajiya. Mita da dalma da ƙarfen liƙi ana samunsu a Zongo Lane da Opera Square, duka tafiyar ƙafa ce daga Makola. Kayan mota kuwa gidansu Abossey Okai, sai Kokompe da ke Darkuman inda gareji suka taru. Idan mita ta fi ƙarfin mutum ɗaya, mutum uku ko huɗu su haɗa kuɗi su saya, su riƙa karɓa-karɓa.

Tambayar farko: inji ne ko agogo

Kafin mu ɗauki sifana, mu yi aiki da kunne. Mu tayar da mota, mu kalli allura, mu saurari inji.

Idan allura na hawa da sauka, muryar inji ma na hawa da sauka tare da ita, agogon lafiyarsa ƙalau, gaskiya yake faɗa. Laifin na inji ne: fulogi, iskar da ke shiga ta tiyo da ya tsage, ko datti a bakin totur. Wanda ya canza agogo a nan ya kashe ɗan aike ne.

Idan allura na rawa amma muryar inji ba ta sauya ba, mu nemi wayar da ta saki ko tsatsa a mahaɗa.

Idan allura ta kwanta a 0, kuma agogon mai da na zafi ma sun mutu, mu fara zargin fiyus ko wayar at, wato wadda ke ɗaure a jikin ƙarfen mota.

Idan agogon inji kaɗai ya mutu, sauran na aiki, inji kuma lafiya, laifin na kan wayar labari ne ko cikin dashbod.

Idan allura ta faɗi farat ɗaya, inji ma ya yi tari ko ya mutu a lokaci guda, wannan ba ƙaramin abu ba ne. Abin da ke ba agogo labari shi ne ke ba inji wuta: kwayil ko sensa.

Matakan bincike, daga mai araha zuwa mai tsada

Mataki na 1, fiyus. Akwatinsa na ƙarƙashin sitiyari ko kusa da batir, kuma a murfinsa akwai zanen wurin kowanne. Mu zaro na dashbod mu ɗaga shi a haske. Idan zaren ciki ya tsinke, mu sa sabo mai lamba ɗaya da shi: mai 10 a wurin mai 10. Kada mu naɗa waya ko takardar sigari a madadinsa. Fiyus mai gadi ne, idan an kore shi wayoyi ne za su ƙone, wani lokaci har motar. Idan sabon ya sake ƙonewa nan take, akwai waya da ta goge tana taɓa ƙarfe, sai an nemo ta.

Mataki na 2, batir da at. Batir mai lafiya, mota a kashe, yana nuna kimanin volt 12.6. Inji na aiki ya kamata ya nuna tsakanin 13.8 da 14.4. Ƙasa da haka ko sama da 15, altaneta na da magana, kuma wutar da ba ta daidaita ba tana rikita duk agogunan dashbod. Sannan mu bi baƙar wayar batir zuwa inda aka ɗaure ta a jikin mota da jikin inji. Accra bakin teku take, iskarta da laima da gishiri, tsatsa ba ta jira. Mu kwance, mu goge har ƙarfe ya yi haske, mu ɗaure tam. Gyara da yawa a nan yake ƙarewa ba tare da an sayi komai ba.

Mataki na 3, soket. Inji na silo, wani ya kalli allura, mu kuma mu riƙa motsa wayoyi a hankali, nesa da fanbel. Inda muka taɓa allura ta yi tsalle, nan ɓarawon yake. Mu ɗan bubbuga saman dashbod da tafin hannu. Idan allura ta farfaɗo, soket ɗin bayan agogo ya saki ko dalmar ciki ta tsage. Mu tambayi kanmu kuma: an sa rediyo ko fitila kwanan nan? Sau da yawa mai sa rediyo ne ya ja waya bai sani ba.

Mataki na 4, tushen labari. A tsohuwar motar fetur, mu sa fitilar gwaji tsakanin ƙafar kwayil mai alamar ragi da jikin mota, wani ya murɗa makulli. Idan fitila na ƙyaftawa, bugun na fita, sai mu bi wayar har dashbod mu ga inda ta tsinke. Mai mita da ke auna Hz zai iya yin lissafi: inji mai silinda 4 da ke juyi 900 yana bugu 1,800 a minti, wato 30 a daƙiƙa. A motar dizal mai W, mu fara danna fanbel da yatsa, mota a kashe. Idan ya yi laushi ko yana kuka da safe, yana zamewa ne, agogo zai nuna ƙasa da gaskiya, batir ma ba zai cika ba. Idan fanbel lafiya, mu sa mita a ma'aunin AC tsakanin W da jikin mota. Inji na aiki ya kamata a ga wajen volt 6 zuwa 8. Idan babu, ciwon na cikin altaneta. A motar zamani kuwa, kada mu soka fitilar gwaji a wayoyin sensa ko na ƙwaƙwalwa, tana iya ƙona abin da ya fi agogon tsada nesa ba kusa ba. Mu duba soket ɗin sensa kawai, ko mai ya jiƙa shi, ko wayar ta narke a jikin salansa.

Mataki na 5, na'urar karanta ƙwaƙwalwa. Motocin da aka sayar a Amurka tun daga 1996, da na fetur na Turai tun daga 2001, da na dizal ɗinsu tun daga 2004, suna da soket mai ramuka 16 a ƙarƙashin sitiyari, ana ce masa OBD. Masu wayarin mota da yawa suna da na'urar, akwai kuma ƙarama da ke aiki da wayar hannu. Ita ce ke raba gardama. Idan na'ura na nuna juyi 800 amma allura na kwance, sensa da ƙwaƙwalwa lafiya, laifin na dashbod ne ko wayarsa. Idan ta fito da lamba P0335, ƙwaƙwalwa na kukan layin sensar karanshaf. A lura, lambar tana nuna layin ne gaba ɗaya, har da waya da soket, ba lallai sensar ce ta mutu ba. Alamar sensar da ke mutuwa sananniya ce: mota ta mutu idan ta yi zafi, ta ƙi tashi, bayan ta huce ta tashi kamar ba ita ba.

Mataki na 6, cikin dashbod. Sai an wanke duk na sama sannan a zo nan. A cire kan batir, a kwance dashbod, a kai wa mai gyaran rediyo ko talabijin da ya iya dalma. Abin da aka fi samu shi ne dalmar da ta tsage a ƙafafun soket saboda zafi da girgizar hanya, sai ɗan moton allura da ya gaji. Duka biyun ana gyara su. Kafin a zare allura a ɗauki hoton inda take zaune, in ba haka ba za ta koma a karkace ta riƙa ƙarya.

Idan sai an saya

Araha ba ta ado. Mu tafi Abossey Okai da tsohon a hannu, mu gwada lambar da ke jikinsa da ta wanda za a ba mu. Kama da wane ba ta wane. Agogon tsohuwar mota mai silinda 6 idan aka sa wa mai silinda 4, inji na juyi 900 zai nuna 600. Dashbod ɗin dizal ba ya zama a motar fetur. Altaneta mai fulin da ya fi na asali girma ko ƙanƙanta zai sa agogon W ya yi ƙarya ko da sabo ne.

Mu juya kayan mu duba bayansa. Koren tsatsa ko busasshen laka a soket alama ce ta motar da ruwa ya ci. Mutanen Accra ba su manta da ambaliyar 3 ga Yuni 2015 a Kwame Nkrumah Circle ba, kuma kowace damina ruwa na shiga motoci a unguwannin da ke gefen rafin Odaw. Kayan wutar da ya sha ruwa yakan yi aiki na ɗan lokaci ya mutu.

Kafin kuɗi ya bar hannunmu, mu daidaita da mai shago cewa idan bai yi ba za a canza, a rubuta a rasit. A motoci da yawa lissafin kilomita a cikin dashbod yake, a wasu kuma dashbod na haɗe da makulli, idan an canza shi mota ba za ta tashi ba sai an saita da kwamfuta. Don haka ba a canza dashbod sai da sanin mai mota. A rubuta kilomitan tsohon da na sabon da ranar da aka canza, kada gobe a ce mun rage maleji.

Yaushe za a ci gaba da tuƙi, yaushe za a tsaya

Idan agogon kaɗai ya mutu, inji lafiya, caji lafiya, babu fitilar gargaɗi, ana iya ƙarasa aikin yini da kunne, a gyara ranar hutu. Amma idan jar fitilar batir ta kama tare da mutuwar allura, fanbel ya tsinke ko altaneta ya daina caji. A motoci da yawa fanbel ɗin nan ne ke juya famfon ruwa, minti kaɗan inji zai tafasa. A gangara gefe a kashe. Haka idan allura na faɗuwa inji na yankewa: kada a ɗauki fasinja ko kayan 'yan kasuwa, kada a hau babbar hanyar Tema, domin mota na iya mutuwa ana cikin gudu, birki da sitiyari su yi nauyi.

Yadda za mu yi magana a gareji

A nan Ghana makanike fita ake ce masa, amma wannan aiki na mai wayarin mota ne. Wanda ya je ya ce "agogo ya lalace" kawai, sabon agogo za a sayar masa. Gara a ce: "Maigida, barka da aiki. Allurar inji ce ta kwanta tun jiya, amma inji bai sauya murya ba. Mun duba fiyus, mun goge at, batir na ba da 14. Don Allah a sa mata na'ura mu gani kafin a kwance komai." Mai wannan magana ba a cika yi masa wayo ba. A yi ciniki kafin a fara aiki, a karɓi tsohon kayan da aka cire.

Ga 'yan koyo: abin da ba a koya muku ba tukuna, kada ku gwada shi a motar mutane a ɓoye. Ku tambayi maigidanku, matambayi ba ya ɓata. Ga direbobi: ku sanar da mai mota ranar da abu ya faru, ba ranar da ya gano da kansa ba. Baƙo ba shi da jarin da ya wuce amana. Kuma kada kowa ya hau sitiyari sai da lasisin hukumar DVLA, tare da katinsa na Hukumar 'Yan Gudun Hijira ta Ghana a aljihu. Wanda takardunsa ba su cika ba ya zo ofis a yi masa bayani kafin ya karɓi mota.

Tambayoyin bita

A zauna da 'yan koyo a amsa waɗannan da baki.

1. Allura na kan 3. Sau nawa inji ke juyawa a minti?
2. Allura na hawa da sauka, muryar inji ma haka. Agogo ne ko inji?
3. Bas ɗin dizal na kukan fanbel da safe, agogo na nuna ƙasa. Me za a fara dubawa?
4. Na'ura na nuna juyi 800, allura na kan 0. Ina laifin yake?
5. Me ya sa ba a sa waya a madadin fiyus?
6. Waɗanne alamu biyu ne ke sa a tsayar da mota nan take?

Wanda ya iya karatu ya karanta wa wanda bai iya ba, a kuma ajiye wannan shafi a aljihun mota. Allah ya sa albarka a sana'a, ya kiyaye hanya.